Dangin uwa: ma'anar kalmar da matsayinta a al'ada, shari'a da doka

Dangin uwa su ne mutanen da mutum ya haɗa jini da su ta wajen mahaifiyarsa, wato kakannin da suka haifi uwar, kawunnai, innoni, da 'ya'yansu da jikokinsu. Kishiyar kalmar ita ce dangin uba. A garin Dogo da ƙauyukan da ke kewaye da shi, cikin gundumar Mirriya ta jahar Damagaram, ana jin kalmar wajen suna, wajen ɗaurin aure, wajen rabon gado da shari'ar gona. Ana kuma jin ta a rediyo da lakwal idan ana son fassara kalmar Faransanci "matrilinéaire". A nan ne ake yawan samun ruɗani, domin abin da Bahaushe ke nufi da dangin uwa daban yake da abin da wannan kalma ke nufi. Sanin bambancin yana da amfani ga kowane magidanci, don da shi ake gane wanda ke da rabo a gado, wanda ke da haƙƙin riƙon yaro idan aure ya mutu, da wadda ta haramta a aura.

Ginin kalmar da abokan tafiyarta

Dangi na nufin mutanen da asali ɗaya ya haɗa, kuma daga nan aka samo dangantaka. Idan aka ɗora mata uwa, sai ta ware ɓangare ɗaya daga cikin biyu. Ana kuma cewa "ta wajen uwa" ko "ta ɓangaren uwa", kamar a ce kakata ta wajen uwa.

Hausa tana bayyana nasaba da sassan jiki. Tsatso, wato ƙasan baya, shi ake danganta wa namiji, sai a ce wane ɗan tsatson wane ne. Ciki da nono kuwa na mace ne, sai a ce "cikinmu ɗaya" ko "nono ɗaya muka sha". Da tafiya ta yi tafiya, ma'anar tsatso ta faɗaɗa ta zama zuriya gaba ɗaya, shi ya sa ake jin "tsatson uwa" a bakin 'yan jarida ba tare da kowa ya yi mamaki ba.

Akwai kuma ɗaki. A gidan da ke da mata biyu ko uku, 'ya'yan kowace mace su ne 'yan ɗakinta. Wanda ya ce "ɗan ɗakinmu ne" yana nufin uwarsu ɗaya. Idan gida ya rabu bayan rasuwar maigida, yawanci a kan layin ɗakuna yake tsagewa.

Kalmar ɗan'uwa ita kanta tana nuna nauyin da ake ba wannan ɓangare. Asalinta ɗan da uwa ta haifa, amma ta game kowane makusanci, har ana kiran Musulmi ɗan'uwan Musulmi. Ɗan'uba kuwa, wanda aka haɗa uba da shi kaɗai, ya zama sunan abokin gasa, kuma 'yan'ubanci na nufin kishi da hassada tsakanin mutanen gida ɗaya. Dalilin a fili yake: 'yan'uba suna jiran gona ɗaya, gida ɗaya, wani lokaci sarauta ɗaya.

Ɗan'uwan uwa namiji shi ne kawu, tsofaffi a wasu wurare suna cewa rafani. 'Yar'uwar uwa ita ce inna ko iya. A ɓangaren uba akwai baffa da gwaggo. 'Ya'yan kawu da 'ya'yan gwaggo su ne taubasai, abokan wasa, waɗanda ɗaya ke kiran ɗaya bawansa cikin raha, kuma kuɗin shara ke shiga tsakaninsu a farkon shekarar Musulunci. Malamai kuma suna da nasu kalmomi na Larabci da suka shigo Hausa ta karatun gado: shaƙiƙi shi ne wanda aka haɗa uwa da uba da shi, li'abi wanda aka haɗa uba kaɗai, li'ummi wanda aka haɗa uwa kaɗai.

A harsunan maƙwabta

Ƙasar Dogo, wadda ke kan hanyar Damagaram zuwa Magarya, mahaɗar Hausawa ce da Fulani da Abzinawa da Barebari, kuma kowane harshe yana da irin wannan rabo. Fulani suna cewa "enɗam", daga "enɗu", wato nono, don zumuncin da uwa ta haɗa. Abzinawa suna kiran dangin uwa "tedist", wato ciki, dangin uba kuwa "aruri", wato baya, daidai da ciki da tsatso na Hausa. A Zabarmanci "nya-ize" shi ne ɗan'uwa, "baaba-ize" ɗan'uba, kuma ita ma ta biyun tana ɗauke da ma'anar gasa. Bambarawan Mali suna da "badenya" don haɗin kan 'yan ɗaki ɗaya, da "fadenya" don kishin 'yan'uba. Barebari kuwa suna ƙara "-mi" a ƙarshen suna don nuna ɗan wane ko ɗan wance.

Abin da kalmar Faransanci ke nufi

"Matrilinéaire" ta samo asali daga kalmomin Latin biyu, ɗaya uwa, ɗaya layi. Masana halayyar al'umma suna amfani da ita don tsarin da yaro ke zama ɗan ƙabilar uwarsa ko ɗan gidan uwarsa, kuma dukiyar gida da sarauta suna bin wannan layi. A irin wannan tsari magajin mutum shi ne ɗan'uwansa na ciki ɗaya ko ɗan 'yar'uwarsa. 'Ya'yan cikinsa kuwa kawunsu suke gada.

Layin uwa a wannan ma'ana ya fi dangin uwa ƙunci. Yana bi ne daga mace zuwa mace: uwa, uwar uwa, uwar kaka. Kawu yana ciki, domin uwa ɗaya ta haife shi da mahaifiyarka, amma 'ya'yan kawu ba sa ciki, su na layin tasu uwar ne. Kakanka namiji da ya haifi mahaifiyarka shi ma ba ya ciki. A Hausa kuwa duk waɗannan dangin uwa ne. Saboda haka fassarar da ta fi dacewa ita ce "nasaba ta layin uwa" ko "gado ta ɗakin uwa".

Wajibi ne kuma a raba ta da "matriarcat", wato mulkin mata. A mafi yawan al'ummomin da nasaba ke bin uwa, maza ne ke riƙe sarauta, sai dai ta hanyar mata suke samun ta. Haka kuma samun mace a kan karaga, kamar Amina ta Zazzau ko Sarauniyar Lugu da ta tari sojojin Voulet da Chanoine a 1899, ba ya nuna cewa al'ummar tana lissafa nasaba ta uwa.

A gidan Bahaushe

Bahaushen Damagaram yana ɗaukar sunan ubansa, yana zama gidan ubansa, yana noma gandun ubansa, kuma sana'ar gado kamar ƙira, wanzanci da fawa ta wajen uba take zuwa. Karin maganar da ke cewa kyan ɗa ya gaji ubansa a kan haka aka gina ta. Duk da haka akwai ayyukan da al'ada ta ajiye wa dangin uwa. Mace mai cikin fari tana komawa gidan iyayenta goyon ciki, a can take haihuwa ta yi wankan jego. Idan lokacin yaye ya zo, sau da yawa wurin kaka ake kai yaro. Kayan ɗakin amarya da garar da ke biyo baya, uwa da 'yan'uwanta ne ke ɗaukar babban kaso na wahalarsu. Yaron da ya saɓa da ubansa gidan kawu yake nufa, kuma kawun ne ke rako shi ya ba da haƙuri.

Hali ma ana yawan danganta shi da wannan ɓangare. Idan aka ce mutum "a nono ya sha" wani abu, ana nufin ya zame masa jiki. Shi ya sa masu neman aure ke binciken uwar yarinya kafin su kai gaisuwa. Wannan tunani yana da illarsa. Zargin maita da ake jingina wa wata tsohuwa yakan bi 'ya'yanta mata da jikokinta ya hana su aure, alhali babu wata hujja sai ji-ta-ji-ta.

Sunan uwa yana fitowa a wasu wurare na musamman. Malamin da zai yi wa mutum addu'a ko rubutu yakan tambayi sunan mahaifiyarsa. A gidan yawa, inda yara biyu ke iya cin suna ɗaya, da sunan uwa ake rarrabe su. Zagin uwa kuwa shi ne zagin da ya fi kowane zafi a ƙasar Hausa.

A fada

Sarautar Damagaram ta layin uba take tafiya tun daga Malam Yunus, wanda ya kafa gidan a ƙarni na 18. Amma sunan uwa bai ɓace daga jerin sarakuna ba. Sarkin da ya hau karaga a 1884, ya yi mulki zuwa 1893, ana kiransa Suleiman ɗan Aisa, da sunan mahaifiyarsa, ko da yake ta wajen mahaifinsa Tanimun ya samu gadon. A gidan sarki mai 'ya'ya da yawa, ɗakin da yarima ya fito da mutanen da ke bayan uwarsa suna cikin abin da ke ɗaga shi ko ya kayar da shi.

Borno, wadda Damagaram ta daɗe tana kai wa gaisuwa, ta riƙe wannan al'ada tun da daɗewa. Mai Dunama Dibalemi na ƙarni na 13 da sunan uwarsa aka san shi, kuma Mai Idris Alauma na ƙarni na 16 ana kiransa Idris Amsami, wato ɗan Amsa. Uwar sarki tana riƙe sarautar Magira, mai faɗa a ji a fada. Tsohon littafin tarihin sarakunan Kano shi ma yana ambaton sunayen iyayen sarakuna mata. A Maraɗi akwai sarautar Iya, a Gobir akwai Inna, duka matan gidan sarauta ne ke riƙe su. A Daura kuwa tarihin baka ya kawo jerin sarakuna mata kafin zuwan Bayajidda, na ƙarshensu Daurama.

Misalin da ya fi nuna ƙarfin dangin uwa a siyasa shi ne na Sarkin Kano Alu, wanda ya yi yaƙi da Sarkin Damagaram Amadu Kuran Daga a ƙarshen ƙarni na 19. Mahaifiyarsa 'yar Sarkin Musulmi Aliyu Babba ce, sunan kakan nasa ma ya ci. Lokacin Basasar Kano da ta fara a 1893, wannan jini na gidan Shehu yana cikin abin da ya sa 'yan'uwansa suka tsayar da shi shugaba bayan rasuwar Yusufu.

Inda nasaba ke bin uwa

Misali mafi kusa da mutanen Damagaram shi ne na Abzinawa. Kel Ewey na tsaunukan Abzin, waɗanda ayarinsu ke sauka a unguwar Zango ta Damagaram, an san su da bin layin uwa wajen shugabanci, kuma Bajamushe Heinrich Barth, da ya ratsa ƙasarsu a 1850, ya rubuta cewa ɗan 'yar'uwa ne ke gadon shugaba. Sarautar Agadas, wadda aka kafa a farkon ƙarni na 15, ita ma da farko 'ya'yan 'yan'uwa mata ne ke gadonta kafin ta koma layin uba. A tsaunukan Ahaggar na kudancin Aljeriya, gidan da ke ba da shugaba yana danganta kansa da wata mace mai suna Tin Hinan, wadda aka tono kabarin da ake ce nata ne a Abalessa a 1925. Ba dukan Abzinawa ne ke kan wannan tsari ba, da yawa sun koma lissafi ta uba.

Abzinawa suna da wata dukiya da suke kira "akh iddaren", wato nono mai rai. Dabbobi ne ko bishiyoyin dabino da ake keɓe wa mata da 'ya'yansu mata, ana cin amfaninsu, ba a sayarwa, ba a sa su cikin rabon gado. Sun daidaita wannan da shari'a ta hanyar hubusi, wanda mazhabar Malikiyya ta yarda da shi.

A tarihin yammacin Afirka, al-Bakri ya rubuta a 1068 cewa Tunka Manin, sarkin tsohuwar daular Gana, kawunsa ya gada. Ibn Battuta da ya sauka Walata a 1352 ya tarar da Musulmi masu kiyaye salla suna danganta mutum ga kawunsa, kuma 'ya'yan 'yar'uwa ne magada, abin ya ba shi mamaki ƙwarai. A Ghana ta yau, Asante suna kiran gidan uwa "abusua". Asantehene Osei Tutu na biyu, da ya hau a 1999, ta wajen mahaifiyarsa ya samu sarauta, ita ce ke riƙe da muƙamin uwar masarauta a lokacin. Saboda kukan matan da 'ya'yan da dangin miji ke kora bayan rasuwarsa, Ghana ta yi doka a 1985 wadda ta ba su babban kaso na abin da mamaci ya tara da kansa. Hausawan zangon Kumasi sun san sakamakon haɗuwar tsarin biyu: ɗan Bahaushe da uwa 'yar Asante yana da gida ta ɓangarori biyu, ɗan Asante da uwa Bahausa kuwa kowane ɓangare na iya tura shi ga ɗayan.

A tsibirin Sumatra na Indonesiya, Minangkabau Musulmi ne masu bin layin uwa. Gonaki da gidajen kakanni suna bin mata, abin da mutum ya nema da guminsa kuwa ana raba shi bisa fara'il.

A shari'ar Musulunci

Aya ta 5 ta Suratul Ahzab ta umurci a danganta yara ga ubanninsu, saboda haka nasaba a shari'a ta uba ce, waliccin aure ma na uba ne da 'yan'uwansa maza. Kawu ba ya cikin jerin waliyyai na nasaba. Amma dangin uwa suna da haƙƙoƙi bayyanannu.

A gado, uwa tana samun sudusi idan mamaci ya bar ɗa ko 'ya, ko 'yan'uwa biyu zuwa sama, in ba haka ba sulusi. Kaka ta wajen uwa tana samun sudusi idan uwar ba ta raye. Ɗan'uwa li'ummi guda yana samun sudusi, idan sun kai biyu ko fiye suna raba sulusi daidai wa daida, mace da namiji ba bambanci. Suna gado ne kawai idan mamaci bai bar ɗa, 'ya, jikan ɗa namiji, uba ko kakan uba ba.

Ga misali. Mutum ya rasu ya bar jika 1200 bayan biyan bashi, ba ɗa, ba uba. Magadansa su ne mata ɗaya, uwa, 'yan'uwa li'ummai biyu da shaƙiƙi ɗaya. Matar tana da rubu'i, jika 300. Uwa tana da sudusi, jika 200. Li'ummai suna da sulusi, jika 400, kowane 200. Saura jika 300 na shaƙiƙi ne.

Akwai kuma mas'alar da malamai ke kira mushtaraka. Mace ta rasu ta bar jika 600, da miji, uwa, li'ummai biyu da shaƙiƙai maza biyu. Miji ya ɗauki rabi, 300. Uwa ta ɗauki sudusi, 100. Li'ummai suna da sulusi, 200, ke nan babu abin da ya rage wa shaƙiƙai. Malikiyya ta bi hukuncin Sayyidina Umar, ta ce su huɗun su raba jika 200 ɗin, kowa 50, saboda uwa ɗaya ta haife su. A nan ta ɗakin uwa shaƙiƙi ya samu rabo.

Kawu, inna, kaka namiji na wajen uwa da jikokin da 'ya mace ta haifa ba su da kaso ƙayyadadde. Wanda ke son wani daga cikinsu ya samu wani abu, sai ya ba shi kyauta yana raye, ko ya yi masa wasiyya wadda ba ta wuce sulusin dukiya ba.

A riƙon yaro bayan rabuwar aure, Malikiyya ta fifita uwa, idan ta yi aure ko ta rasu sai uwarta, sannan 'yar'uwarta, kafin a dawo ɓangaren uba. Riƙon yana kaiwa har ɗa namiji ya balaga, 'ya mace kuwa har ta tare gidan miji, kuma ciyarwa tana kan uba. Al'adar da aka saba a Nijar ta karɓe yaro idan ya kai shekara 7 daban take da wannan hukunci, kuma ya kamata iyaye su san haka kafin su je gaban alƙali.

Shayarwa ita ma tana ƙulla dangantaka. A Malikiyya ko sau ɗaya nono ya isa cikin jaririn da ke cikin shekarun shayarwa, matar ta zama uwarsa, 'ya'yanta sun zama 'yan'uwansa, aure ya haramta tsakaninsu, ko da yake ba sa gadon juna. A gidajen da inna ko kaka ke ba jariri nono don ya yi shiru, wajibi ne a sanar da dangi, domin an sha raba aure bayan an haihu saboda wannan.

Sharifai kuwa duk ta wajen Nana Faɗima suke danganta da Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi. Ko wanda uwarsa kaɗai ce sharifiya zai amsa sunan sharifi, wannan tambaya ce da malaman Malikiyya suka yi saɓani a kanta a ƙarni na 14, na Bijaya suka yarda, na Tunis suka ƙi.

A dokar ƙasa

Dokar zama ɗan ƙasa ta Nijar ta 1984 ta fifita uba. Gyaran da aka yi mata a 1999 ya ba mace 'yar Nijar damar ba ɗanta zama ɗan ƙasa kamar yadda namiji ke yi, na 2014 kuma ya buɗe hanyar riƙe ƙasa biyu. Wannan ya shafi iyalai da yawa na kudancin Damagaram da ke aurar da 'ya'yansu Daura, Kazaure da Kano. Hujjar da ake nema ita ce takardar haihuwa, don haka a rubuta sunan yanka na uwa daidai da wanda ke kan takardunta. Laƙabi ko sunan alkunya da aka rubuta ranar haihuwa yakan zama matsala idan yaro ya zo jarrabawa ko neman fasfo.

A batun gona, kotunan Nijar suna amfani da al'adar masu ƙara wajen gado da iyali. A kwarin Korama, inda fadamar rake da lambu ke da tsada, rigima ta saba tasowa idan kawu ya ba ɗan 'yar'uwarsa wuri ya noma, bayan rasuwarsa 'ya'yansa su ce aro ne, shi kuma ya ce kyauta ce, ko ya ce rabon uwarsa ne da ba a fitar ba. Dokar karkara ta 1993 ta kafa kwamitocin filaye tun daga ƙauye har gunduma, kuma suna ba da takardar shaidar aro, kyauta, saye ko gado. Samun wannan takarda tun masu gona suna raye shi ne abin da ke tsare zumunci. Rabon 'ya mace a gonar ubanta haƙƙinta ne a shari'a, idan ta rasu ya zama na magadanta.

A zamanin bauta, matsayin yaro yana bin uwarsa, ɗan baiwa na ubangidan uwar ne, sai dai idan ubangidan ne ya haife shi. Wannan lissafi ba shi da gurbi a dokar yau. Nijar ta mai da bautar da mutum babban laifi a 2003, kuma a 2008 kotun CEDEAO ta yanke hukunci a shari'ar Hadijatou Mani cewa ƙasa ta gaza kare ta daga bauta.

A wajen likitoci

Yaro yana ɗaukar rabin ƙwayoyin halittarsa daga uwa, rabi daga uba. Akwai wani ɗan ƙaramin kaso da ke cikin mitokondiriya, sashen da ke samar wa ƙwayar jiki ƙarfi, wanda ta uwa kaɗai yake zuwa. Namiji yana karɓarsa amma ba ya miƙa shi ga 'ya'yansa, shi ya sa masana ke bin sa don gano layin uwa. Ciwon rashin daskarewar jini yakan bi ta mata ya bayyana ga maza, sai a gan shi ga kawu da ɗan 'yar'uwarsa.

Sikila, wadda ake kira amosanin jini, ba ta kama yaro sai ya ɗauko daga iyaye biyu. Idan uwa da uba duka AS ne, kowane ciki yana da kaso ɗaya cikin huɗu na zuwa da SS. Ɗora wa dangin uwa laifi kuskure ne, kuma gwajin jini kafin aure ya fi zama dole idan taubasai ne za su auri juna. Haka nan zama namiji ko mace daga ƙwayar uba yake fitowa, don haka babu dalilin sakin mace saboda tana haihuwar 'ya'ya mata.

Yadda ake amfani da kalmar daidai

Idan ana maganar mutane, a ce dangin uwa: "Dangin uwarsa ne suka yi masa aure." Idan ana nuna hanyar dangantaka, a ce ta wajen uwa: "Bafillace ne ta wajen uwa." Idan ana maganar 'yan gida ɗaya, a ce ɗaki ko ciki: "Su uku ne a ɗakinsu." Wajen rabon gado a yi amfani da shaƙiƙi, li'abi da li'ummi, domin "ɗan'uwa" kawai ba ta isa malami ya fitar da kaso ba. Idan kuwa ana bayanin tsarin Asante, Minangkabau ko wasu Abzinawa, a ce "suna lissafa nasaba ta layin uwa". Game da Hausawan Dogo da sauran ƙasar Damagaram, abin da ya dace a ce shi ne suna da gado da sarauta suna bin uba, dangin uwa kuma suna da rabonsu na gado da haƙƙin riƙo da shari'a ta ba su.